Yonatan da Sunan 'Yar Fari

Kafin ka ga Yonatan ka riga ka ji shi. Motonsa na da wani tari da ya ƙi warkewa, shi kuma yana da murya irin ta mai shela a kasuwa, to in suka haɗu su biyu a bakin tashar Gidan Amumune ba sai an gaya wa kowa Baban Jacob ya iso ba. In ya tsaya ba ya kashe inji. Sauran 'yan kabu-kabu sun gaji da yi masa faɗa a kan isansin, wato man fetur, da yake ƙonawa a banza, shi kuwa ya ce moto ɗan'uwan jaki ne, in ka bari ya kwanta sai da sanda. Akwai benci a inuwar itacen bedi inda suke jiran fasinja. Ba a taɓa ganin Yonatan a kansa ba. Ko fura tsaye yake sha, ƙafa ɗaya a ƙasa, ɗaya a kan moto.

Da damina manomi ne, gero da wake, a gonar da ya gada gabas da gari. Da rani ɗan kabu-kabu. Ran Lahadi shi ke buga ƙarfen majami'arsu, wani tsohon ƙarfen taya da aka rataye a reshe, kuma kullum sai ya riga lokaci, har fasto ya taɓa cewa in an bar wa Baban Jacob za a yi sujadar Lahadi tun ran Asabar.

Mutum ne mai kiran suna. Fasinja ba ya hawa motonsa ya sauka bai ji sunan kakansa ba. Awakinsa ma kowace da nata. Suna ɗaya ne kawai ba ya fita daga bakinsa.

Jacob da ake kiransa da shi ɗa na biyu ne. Ta fari mace ce, Naomi. A bakin ubanta kuwa sunanta "ke", in ba ta kusa "waccan", in magana ta kama dole a gaban mutane "'yar tsohuwa", domin mahaifiyarsa ce ta ɗauke ta tun yaye ta riƙe har Allah ya yi mata rasuwa. Kunyar fari ce, yadda ya taras ana yi a gidansu. Ba ya zama tabarma ɗaya da ita, ba ya yaba ta, in ana zancenta sai ya tuna akwai abin da ya manta a tasha. Fasto ya sha tsokanarsa, ya ce wannan ba ya cikin koyarwar da aka ba su. Yonatan ya ce, "Fasto, ai kai ma ban taɓa jin ka kira naka na fari ba." Fasto ya yi dariya ya shiga wata magana.

Inda duk kunya ta ɗaure masa harshe, yana da bakin aro, Gado. Gado Musulmi ne, daga gidan makiyayan da kakanninsu suka gangaro daga arewa suka zauna bayan gari. Tare suka yi kiwon awaki suna yara. Gado ba ya son magana, kafin ya gama jimla ɗaya Yonatan ya je Mayahi ya dawo, amma shi ya je nema wa Yonatan auren Elizabet a Maijirgi yayin da angon ke laɓe a gindin rumbu, shi ya yi godiya a gidan surukai, kuma da aka yi haihuwar fari shi ya shiga ya ga jaririya ya fito ya ce, "Tana da tsawo."

Tsawon nan shi ya jawo komai, shi da bakin Yonatan.

Shekarar da za a sa Naomi lakwal, wato makarantar boko, tsohuwa ba ta da lafiya, Gado ya bi dabbobi, sai ya zama dole uban ya kai ta da kansa. Mushen da ke rubuta sababbin yara, wato malamin makarantar, ya sa tebur a tsakar fili, iyaye maza sun kewaye shi. Baƙo ne a garin. Ya dubi Yonatan ya ce, "Ɗiyarka ce?"

"Ta gidanmu ce."

"Yaushe aka haihe ta?"

Maza na kallo, har da sa'o'in ubansa. Uban da ya riƙe ranar haihuwar 'yar fari a ka, har ya faɗe ta a bainar jama'a, ai an sami abin zance na shekara. Yonatan ya dubi sama ya ce, "Wa ya sani, mushe."

Mushe bai yi mamaki ba, rabin iyayen haka suka ce masa. Ya yi abin da ake yi: ya sa yarinyar ta ɗaga hannun dama ta bisa kai ta kamo kunnen hagu. Yaron da hannunsa bai kai ba ya koma gida sai baɗi. Naomi ta gado dogon hannun mutanen uwarta, ba ta taɓa kunnen kawai ba, har fatar ƙasansa ta kama ta ja. Mushe ya ce wannan ai ta ma makara, ya rubuta an haife ta wajen 2007. Yonatan na jin haka, ya san ba haka ba ne, ya ce na gode, ya tafi.

Shekarun suka wuce babu wanda ya sake waiwayar zancen. Naomi ta gama firamare ta shiga kolej, ba ta taɓa maimaita aji ba, lissafi kuwa sai dai a bi bayanta. Sai bana, da ta kai ajin ƙarshe, ajin masu jarrabawar birbe, diraktan kolej ɗin, Mushe Rayyanu, ya aiko a kira uban.

Yonatan ya bar moto na tari a ƙofar ofis. Mushe Rayyanu ya ce ya zauna, Yonatan ya ce ya gode, ya tsaya.

"Baban Jacob, yarinyar nan ba ta da takardar haihuwa a dosiyenta. Abin da ke akwai shekarar da lakwal ta rubuta, injin kwamfuta kuma ba ya karɓar wajen kaza, ya maishe ta ɗaya ga Janairu. Ita kuwa ta ce mini kakarta ta sha gaya mata ba ta kai haka ba."

"To a bar shi mana, mushe. Shekara ai ba kaya ba ce da za ta yi mata nauyi."

"Za ta yi. Ƙarshen watan nan zan aika da sunayen masu jarrabawa Maradi. Abin da na aika shi za a buga a takardar birbe, ya bi ta har tsufa. Kuma da wannan shekara, ko ta zo ta ɗaya, a takarda ta yi wa lise na gwamnati, makarantar gaba da kolej, girma. Ba za a tura ta ba."

Yonatan ya canza ƙafa. Ya san lise na kuɗi ba na ɗan kabu-kabu ba ne, ya kuma san tun tana aji biyu na kolej waccan ba ta da zance sai na lise.

"Mi za a yi?"

"Jujuman. Takardar alƙali da za ta tabbatar da ranar gaskiya. Ka kawo mini ita kafin in rufe, in gyara nan, in gyara abin da zai tahi Maradi. Ka san ranar?"

Yonatan ya ce bari ya je ya kashe moto. Ya fita, bai kashe ba, ya hau ya tafi.

Daga ranar tashar Gidan Amumune ta rasa shi. Ya je ma'aikatar magajin gari, aka ce wannan ya wuce su, aikin kotu ne. Ya kama hanyar Mayahi. A can magatakardan kotu ya tambaye shi inda aka yi haihuwar, ya ce Maijirgi.

"Ku kuna Gidan Amumune, mi ya kai haihuwa Maijirgi?"

"Ta fari ce. Gidan iyayenta ta tahi."

"To ai ka ɓata isansinka. Maijirgi ƙasar Tasawa ce, alƙalin can ke da wannan."

Ya juya sai Tasawa, rairayi na kama masa taya, yana sauka yana turawa yana yi wa moto faɗa. A Tasawa aka gaya masa ranar zama, aka ce a zo da yarinyar, da shaidu biyu, da uba. Magatakardan can ya ɗago kai ya ce, "Kai ne uban?"

"Ni na kawo takardun."

"To ka gaya wa uban ya zo da kansa. Alƙali zai tambaye shi da baki."

Wanda ya ga Yonatan a makon nan zai ce ba a taɓa uba mai himma irinsa ba, kuma gaskiya ne, sai dai duk gudun da yake yi kewaye abu ɗaya yake. Ya je Maijirgi ya roƙi Zakariya, yayan Elizabet, ya zama shaida. Ya je wurin fasto a rubuta masa wasiƙa zuwa ga alƙali, fasto ya ce zai rubuta, amma wasiƙa ba ta amsa tambaya. Ya koma wurin Mushe Rayyanu ya ji ko dirakta na iya gogewa da hannunsa kawai, aka ce a'a. Daga nan ya bi Gado har bakin rijiya inda yake shayar da raƙuma.

"Gado, kai za ka tsaya."

"Ai na ce zan yi shaida."

"Ba shaida ba. In alƙali ya ce ina uban, sai ka matsa gaba. Wa ya san fuskata a Tasawa?"

Gado ya ja guga har ya fito, ya zuba a kwami, ya jira raƙumi ya sha.

"Na nemo maka mata. Na yi maka godiya. Na gano maka jinjira." Ya sake jefa guga. "Yanzu in rantse gaban alƙali ni na haihi ɗiyar Elizabet. In ka yarda, Elizabet ta yarda?"

"Kai dai ba a zancen arziki da kai."

"Suna ne hwa, Yona. Ba garwashi ba."

"Kai ka kira na Nabila mana in ji."

Nabila ita ce ta fari a gidan Gado. Gado ya duƙa yana gyara igiya, ya ce ba tasa ke jarrabawa ba.

A gida ma bai sami sauƙi ba. Da la'asar ya tarar da Elizabet na sussukar wake, ya kewaye ta, ya ɗaga murfin tukunya ya mayar, ya kori kaza da ba ta yi masa komai ba, sannan ya ce ko ita za ta je, tunda ita ta yi naƙudar.

Elizabet ba ta daina aiki ba. "Baban Jacob, ni da ko gaisuwarta ban amsawa da ƙarfi, in tsaya gaban maza da yayana in ce na haihu ran kaza? An ce uba. Kuma ba ni na ce wa mushe wa ya sani ba. Bakin da ya ɓata shi ka gyarawa."

Naomi na ɗaki da littafi, ƙofa a buɗe. Ta daina juya shafi.

Ya gwada, a ba shi wannan. A kan hanya, inda babu kowa sai geza da kalgo, ya kan ƙara wa moto wuta don tarin ya rufe muryarsa, ya buɗe baki. Sai ya ji kamar tsohuwa na zaune a bayansa, sai ya rufe bakin. Ya kira sunan kowane ƙauye da ya wuce, ya kira na awakinsa, ya iso gida.

Ranar zama su uku suka hau moto, Naomi a tsakiya da kayan lakwal, Gado a baya ƙafafunsa na jan ƙasa. Zakariya ya riga su isa Tasawa. Ɗakin kotun cike yake da masu irin wannan buƙata, iyaye da yara da tsofaffin shaidu. Kowa ya sami wuri ya zauna, Yonatan ya tsaya jikin taga, ya fita duba moto, ya dawo, ya sake fita. Da aka kira su sai da Gado ya je ya kamo shi.

Alƙalin mutum ne mai sanyin murya, ga tarin takardu a gabansa, ga alama ya yi wannan tambaya tun safe har ta gundure shi. Ya fara da shaidu. Zakariya ya ce a ɗakin mahaifiyarsa aka yi haihuwar, da kaka, amma rana ba zai rantse ba. Gado ya ce ya ga jaririyar da idonsa washegari, ana cikin ɗaurin gero. Alƙali ya juyo.

"Sunanka?"

"Yonatan, ranka shi daɗe."

"Mene ne tsakaninka da wannan yarinya?"

"Ta gidanmu ce."

"Gida ba ya haihuwa, malam. Wa ya haife ta?"

Aka yi 'yar dariya a baya. Yonatan ya dubi Gado, Gado ya dubi silin. Ya dubi ɗaya gefen, ga Zakariya, suruki, tsaye da hannu a baya. Ya cire hula ya murɗa ta.

"Tsohuwa ta riƙe ta, ranka shi daɗe."

"Na san kunyar fari, a gidanmu ma ana yi. Amma takarda ba ta san ta ba. Abin da zan sa wa hannu shi ne uba ya tsaya gabana ya faɗi sunan ɗiyarsa da ranar da aka haife ta. In ba ka shirya ba, ga mutane na jira, ku dawo zama na gaba."

Magatakarda ya faɗi ranar zama na gaba. Tana cikin wata mai zuwa. Ya miƙa hannu zai janye dosiyen.

A nan Naomi ta yi magana, a hankali, ba ta dubi uban ba. "Baba, mu tahi. Ba komai. Zan yi birbe ɗin hakanan, in ya so in koyi ɗinki wurin Inna Rebeka."

Ba da gatse ta faɗa ba, shi ya sa ta fi ciwo. Ta ɗauki jakarta ta rataya. Yonatan ya dubi hannun da ya kama igiyar jakar, dogon hannun nan, sannan ya ce, "Ranka shi daɗe, ana iya juya baya?"

"Ka juya inda ka ga dama, in dai zan ji."

Ya juya ya fuskanci bango, hula a fuska. Mutumin da ake ji daga tasha har kasuwa, sai da magatakarda ya miƙo wuya.

"Naomi."

"Ɗaga murya."

"Naomi. Ɗiyata ce. Ni na haihe ta."

Daga nan kuma kamar an fasa tulu. Ya ce ran Lahadi ce, sha biyar ga Nuwamba, 2009, da asuba. Ranar godiyar kaka ce a majami'arsu, yana ɗauke da damin gero a ka zai kai gaban bagade, mai shagon da ke da tarho ya tare shi a hanya ya ce an kira daga Maijirgi. Ya ce bai san inda ya yar da damin ba har yau. Suka bi motar kasuwa shi da Gado, suka kwana a hanya, da suka isa bai iya shiga ba, ya tsaya bayan darni wajen rumbu, yana jin kukanta, muryar ƙarama amma ba ta gajiya, ya yini a nan har aka fara tambayar ko wane ne ke tsaye kamar ɓarawo. Ya ce ya ga ƙafarta ɗaya ta kafar darni da aka fito da ita wanka.

"Ya isa," in ji alƙali. "Rana kawai na tambaya." Amma ya bar shi ya kai ƙarshe kafin ya faɗa.

Zakariya ya shiga goge ido da bakin riga yana cewa ɗakin akwai zafi. Gado ya ce, "Haka aka yi." Naomi ta sauke jakar ta riƙe a hannu, ta tsaya tana kallon bayan ubanta, wanda bai juyo ba sai da ya ji ƙarar hatimi a kan tebur.

Ba su tsaya cin komai a Tasawa ba. Gado ya ce zai bi mota, ƙashinsa ba na wannan gudu ba ne. Washegari Yonatan na ƙofar kolej tun ba a buɗe ba. Mushe Rayyanu ya karanta takardar, ya gyara a rajistar makaranta, ya gyara a jerin da zai tafi Maradi, ya juyo da injin don uban ya gani da idonsa. Yonatan ba ya karanta Faransanci, amma ya san lamba. Ya duba, ya ce daidai ne, ya fita tun ba a sallame shi ba.

Labari ya riga shi isa tasha, domin Gado mai jinkirin magana bai yi jinkirin wannan ba. Har yanzu in Yonatan ya iso, akwai mai juya baya ya rufe fuska da hula, sauran su kwashe da dariya, shi kuwa ya ce duk wanda ya isa ya kira nasa na fari a nan a ji. Ba a sami mai karɓa ba tukuna.

A gida bai canza ba. Ran da aka fara jarrabawa shi ya kai ta Mayahi da sassafe. Ta hau, ya ba moto wuta, ya ce, "Ke, riƙe da kyau, akwai rairayi."

"Wa, Baba?"

"Ke mana."

"Ni wa?"

Ya yi kamar tarin moto ya hana shi ji. Sai da suka fita gari, suka wuce gonarsa, ya ce ba tare da ya waiwaya ba, "An faɗa gaban alƙali, an buga hatimi. In kina son ji, takarda na wurin dirakta."

Ta yi dariya a bayansa, ta zagayo da hannu ta riƙe shi, har hannayen suka haɗu suka yi saura. Ya ƙara wuta.